Dodon Kaka da Dodon Takarda



A taron iyaye da muka yi a Islamiyyar layinmu kwanakin baya, wani dattijo da nake ganin girmansa ya miƙe ya ba da shawara a tattara wayoyin yara kaf, duk wadda aka samu da hotunan dodanni da gawarwaki a ciki a fasa ta a gaban kowa. Abin da ya jawo maganar shi ne an kama wasu yara a bayan aji sun haɗa kai a kan waya ɗaya, suna karanta labarin zane irin wanda suke ce wa komik, mai ban tsoro. Wayar ta ɗana ce. Shi ya sa ranar ban ce uffan ba, kunya ta ɗaure min baki.

Da muka koma gida na ce ya kawo min abin in gani. Labari ne na wani ɗan Japan mai suna Junji Ito, sunan littafin Uzumaki. Wani gari ne a bakin teku da siffar murɗe, irin ta bayan katantanwa, ta zame wa annoba, har wasu mutanen garin suna rikiɗa su koma dodon koɗi. Wallahi ni da girmana sai da tsigar jikina ta tashi. Na ce masa, "Kai yanzu wannan abin kake kwana kana kallo?" Ya ce, "Baba, ai ba gaskiya ba ne, zane ne kawai." Na ce, "To ba ya ba ka tsoro?" Ya sunkuyar da kai ya ce, "Yana ba ni. Ai tsoron ne daɗin."

Na ɗaga hannu, sai na sauke. Amsar nan na san ta, domin ni ma na taɓa zama mai ita. Muna yara, in an yi sallar isha'i, mu ne muke kewaye kakarmu a tsakar gida muna roƙon ta yi mana ta Dodo. Ta Gizo da Ƙoƙi a wurinmu ta ƙananan yara ce. Mu dai ta yarinyar nan muke so, wadda ta ce ba za ta auri mai tabo ba, har wani kyakkyawan saurayi ya zo, ta bi shi, sai da suka yi nisa cikin daji ya fara sauya kama. In kaka ta kai wurin nan takan rage murya, mu kuwa mu ƙanƙame zanenta, wasu har da hawaye. Gobe kuma mu ce ita za a sake.

Don haka tambayar da ta hana ni barci a daren nan ita ce: in labarin ban tsoro ɓata yaro yake yi, me ya sa kakanninmu, waɗanda suka fi mu sanin tarbiyya, suka raine mu da shi? In kuma ba ya ɓatawa, me ya sa hankalina ya tashi? Ni malamin makaranta ne, sai na shiga bin tarihin waɗannan littattafai. Ashe gardamar da muka yi a Islamiyya an yi irinta a Amurka shekara saba'in da suka wuce, har ta kai gaban Majalisar Dattawa.

Ga yadda abin ya faru. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, littafin zane shi ne abin nishaɗi mafi araha a Amurka. Senti goma ake sayar da shi, yara su karanta su yi musaya, sojojin da suka dawo daga yaƙi ma suna karantawa. Akwai wani mutum, Max Gaines, mai kamfanin da ake kira EC, wanda yake buga labaran ilimantarwa da na littafin Baibul cikin zane. A 1947 ya rasu a haɗarin jirgin ruwa, ɗansa William Gaines ya gaji kamfanin yana ɗan shekara 25, ga bashi, ga kaya ba sa tafiya. A 1950 shi da editansa Al Feldstein suka juya akala zuwa labaran ban tsoro, suka fito da mujallu uku: Tales from the Crypt, da The Vault of Horror, da The Haunt of Fear. Ba su ne suka fara ba, amma su ne suka ƙware, kuma sunansu ne ya tsaya a tarihi.

Abin da ya ba ni mamaki shi ne ginin labaran. Kowace mujalla tana da mai ba da labari, wani tsoho mai gadin kushewa ko wata tsohuwar mayya, wanda zai buɗe da barkwanci, ya kai ka cikin tsoro, sannan ya rufe da barkwanci ya sallame ka. Kamar dai "ga ta nan ga ta nanku" da "ƙurunƙus kan kusu". Sannan yawancin labaran hanya ɗaya suke bi: wani azzalumi, ko mijin da ya kashe matarsa don dukiya, ko ɗan kasuwar da ya cuci abokin cinikinsa, yana ganin ya sha, sai a shafi na ƙarshe abin da ya shuka ya dawo masa, sau da yawa daga cikin kabari. Mu da muke cewa alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi, ba mu da abin da za a koya mana a nan. Sun dai zana kwikwiyon ne da haƙora.

To amma ko ɓera da sata, daddawa ma da wari. Da aka ga kuɗi na shigowa, kamfanoni da dama suka shiga sana'ar, kowa na neman ya fi ɗan'uwansa jini a bangon littafi. EC ɗin ma ta wuce gona da iri. A 1953 ta buga wani labari na ɗan wasan ƙwallon sanda da ya kashe abokin hamayyarsa da guba, sai 'yan ƙungiyar mamacin suka rama, suka buga wasa cikin dare da sassan jikinsa. Hukunci ne, na'am, amma kowa ya ga zanen ya san hukuncin hujja ce kawai, abin sayarwa shi ne naman. Kuma a kanti ɗaya ake ajiye wannan da na barkwancin yara, ɗan shekara bakwai zai iya miƙa senti goma ya ɗauka.

Iyaye suka fusata. Tun a 1948 an yi tarukan ƙona littattafan zane a wasu garuruwa, kamar Binghamton a jihar New York, inda 'yan makaranta da kansu suka bi gida-gida suna tattarawa. Wanda ya ba wa fushin nan harshe shi ne wani likitan ƙwaƙwalwa haifaffen Jamus, Fredric Wertham. Kada a ɗauka mugun mutum ne. Shi ne ya buɗe asibitin duba masu damuwar ƙwaƙwalwa a unguwar baƙaƙen fata ta Harlem a 1946, lokacin da asibitoci da yawa ba sa kula su, kuma ya ba da shaida a kotu cewa raba makarantun farare da baƙaƙe yana cutar da yara. A 1954 ya fitar da littafi, Seduction of the Innocent, wato yaudarar marasa laifi, inda ya ce littattafan zane suna cikin abubuwan da ke tura yara ga ta'addanci da lalata.

A watan Afrilu na shekarar, wani kwamitin Majalisar Dattawa mai binciken kangarewar yara ya zauna a birnin New York, ana nunawa a talabijin. William Gaines ya kai kansa don ya kare sana'arsa. Sanata Estes Kefauver ya ɗaga bangon wata mujallarsa, mai hoton wani mutum riƙe da gatari a hannu ɗaya, ɗaya hannun kuma riƙe da kan mace da aka sare, ya tambaye shi ko yana ganin wannan ya dace. Gaines ya ce a bangon littafin ban tsoro ya dace, rashin dacewa shi ne a ce an ɗaga kan sama har a ga jini na zuba daga wuya. Washegari jaridu suka kwashe maganar. Da bakinsa ya yanka kansa.

Majalisa ba ta yi doka ba. Masu buga littattafan ne suka ji tsoro, suka kafa hukumar tace kansu da kansu a ƙarshen 1954, suka ɗora wani alƙali, Charles Murphy, a kanta. Duk littafin da ya tsallake sai a buga masa hatimi mai kama da kan sarki a bango, wanda bai samu ba kuwa dillalai ba sa ɗauka. Ƙa'idojin sun hana sa kalmar tsoro ko firgici a sunan mujalla. Sun hana gawa mai tafiya, da masu shan jini, da mutum mai rikiɗa kyarkeci, irin yadda mu muke labarin mai rikiɗa kura. Sun kuma hana a nuna ɗan sanda ko alƙali ta hanyar da za ta sa a raina hukuma. Cikin 'yan watanni mujallun ban tsoro na EC suka mutu, masu zane da yawa suka rasa abin yi. Ingila ita kuma doka ta yi sukutum a 1955.

A nan ne labarin ya zo wurin da ya fi tsaya min a rai. EC ba dodanni kaɗai take bugawa ba. Ta buga labarai a kan wariyar launin fata, da ƙiyayyar baƙi, da yadda taron jama'a ke kashe mutum a kan zargi, a lokacin da jaridu da yawa suke kawar da kai. Akwai wani da suka fara bugawa a 1953 mai suna Judgment Day. Wani ɗan sama jannati ne aka aika wata duniya ta mutum-mutumi, ya duba ko sun cancanci shiga tarayyar duniyoyi. Ya tarar kala biyu ne, masu ruwan lemo da shuɗɗa, ƙira ɗaya, kayan ciki ɗaya, amma an ware shuɗɗan a unguwar talauci an hana su ilimi. Ya ce ba su kai ba tukuna. A hoton ƙarshe ya cire hular kwanonsa, sai ga shi baƙin mutum ne. Da Gaines ya so sake buga labarin a ƙarƙashin sabuwar hukuma, shugabanta ya ce sai an sauya mutumin, kada ya zama baƙi, kamar yadda Gaines da Feldstein suka ba da labari daga baya. Gaines ya ƙi, ya yi barazanar kiran 'yan jarida, aka buga shi yadda yake a farkon 1956. Daga shi EC ta bar littattafan zane, ta riƙe mujallar barkwanci ta Mad kawai.

Ku duba fa. Labarin nan babu jini a cikinsa, babu gawa. Wuƙar da aka wasa don yanka dodo ce aka so a ɗora a wuyan labarin da ke cewa ɗan Adam ɗaya ne. Mu da muke zaune a garin da ba na kakanninmu ba, mun san abin da ake nufi a duba mutum a ga kalarsa ko yarensa kafin a ga shi kansa. Ni kam zan so ɗana ya karanta irin wannan.

Shi kuma likita Wertham, da aka buɗe takardunsa ga masu bincike a 2010, wata malamar Jami'ar Illinois, Carol Tilley, ta bi su ɗaya bayan ɗaya, ta wallafa a 2012 cewa ya sauya shekarun wasu yaran, ya haɗa maganar yara daban-daban ya mai da ta mutum ɗaya, ya kuma bar wasu dalilan da suka shafi halin gidajen da yaran suka fito. Niyyarsa ta kare yara ce, amma ya riga ya yanke hukunci kafin ya auna. Kuskurensa mai sauƙin fahimta ne: yaran da ake kawo masa duk suna karanta littattafan zane, sai dai kusan duk yaran ƙasar ma suna karantawa, har da waɗanda ba su taɓa ko satar alawa ba. Kamar likita ne ya ce duk marasa lafiyar da ya duba suna cin tuwo, don haka tuwo ne cutar.

Hanin ma bai yi ƙarko ba. A 1964 wani kamfani ya fito da mujallar Creepy a babbar takarda, baƙi da fari, don ta kauce wa hukumar. A 1971 aka sassauta ƙa'idojin, masu shan jini suka dawo. Yaran da suka ɓoye EC a ƙarƙashin katifa suka girma suka zama marubuta da masu shirya fim, irin su Stephen King da George Romero, waɗanda suka yi fim ɗin Creepshow a 1982 don tunawa da waɗancan mujallu. A 2011 kamfanoni na ƙarshe suka daina amfani da hatimin. Mu ma mun ga irin haka a gida. A 2007 an ƙona littattafan Hausa na soyayya a Kano, waɗanda aka karɓe daga hannun 'yan makaranta. Yau ga su nan a WhatsApp, sun fi da yawa, kuma babu mai tace su.

Kada wani ya ce ina cewa a sakar wa yara komai. Dattijon nan da ya yi magana a taro yana da gaskiya a wuri ɗaya babba, kuma ita ce bambancin dodon kaka da dodon takarda. Kaka tana kallon fuskarka. Ta san shekarunka, ta san wanda ya yi mugun mafarki jiya. In ta ga ƙaramin cikinmu ya fara karkarwa sai ta gajarta, ta sa maharbi ya iso da wuri. Akwai lokacinta, har ana tsorata mu cewa wanda ya yi tatsuniya da rana zai ɓata. Kuma in ta gama, a jikinta kake barci. Mai gadin kushewar EC bai san wanda ya sayi littafin ba, senti goma ya sani. Waya kuwa ta fi shi rashin ido, domin ita ba ta da shafin ƙarshe, ka gama wannan ta miƙo wani, yaro shi kaɗai cikin bargo har asuba ta wuce shi. Maganar hukuncin zane a addini, da labaran da ke wasa da sihiri da aljanu, wannan na bar wa malamanmu, su ne masu fage. Ni a kan tarbiyya nake magana.

Akwai kuma wani abu da ya fi wuya. Littafin da na samu a wayar ɗana ba irin na EC ba ne. A cikinsa babu azzalumin da ake hukuntawa. Bala'i ne kawai yake sauka a kan gari, ya ci mai laifi da mara laifi. Na yi ta tunani ko wannan ne ya kamata in hana. Sai na tuna yaron nan yana da wayo a 2021, lokacin rikicin kasuwar Shasha. Ya ga mutanen da suka kwana da shago suka wayi gari babu, ya ga mata da yara da suka gudo da kayan jikinsu kawai. Ya riga ya san cewa a duniya masifa takan faɗa wa wanda bai ji ba bai gani ba. Littafin bai kawo masa sabon labari ba. Wataƙila ma abin da yake samu a ciki shi ne tsoron da zai iya rufewa ya ajiye in ya ga dama, saɓanin wancan da ba shi da murfi.

Ma'aunin da na tsaya a kai shi ne wannan. In yaro ya gama labari, a ɓangaren wa zuciyarsa take? Ta wanda ake bi, ko ta mai riƙe da gatari? Labarin da ya sa ka ji tsoro tare da wanda ke cikin wahala yana koya maka tausayi, ko da akwai dodo goma a cikinsa. Wanda kuwa ya mai da azabar mutum abin sha'awa, ya sa kana jiran a ƙara, wannan guba ne ko da babu dodo ko ɗaya. Jerin abubuwan da aka hana ba ya iya rarrabe waɗannan biyun, hukumar Amurka ta gwada ta kasa. Sai mutum ya zauna ya karanta, ya kuma san yaron da ke gabansa.

In kuma da wannan ma'aunin za mu auna, to laifi tudu ne. Mu nawa ne muke tura bidiyon haɗarin mota a zauren WhatsApp na dangi, gawarwakin bayin Allah a kwance ba sutura, mu rubuta innalillahi a ƙasa mu wuce? Mu nawa ne yaranmu suke ɗaukar wayarmu su ga an yanka mutum na gaske, ɗan wani, uban wani? Wanda ya zana dodon koɗi aƙalla bai tozarta gawar kowa ba. In za a fara fasa waya a gaban jama'a, ina tsoron ta manya ce za ta fara ƙarewa.

Abin da na yi a gidana kaɗan ne. Na mayar masa da wayar, da sharaɗi: bayan isha'i tana ɗakina, ƙannensa ba sa gani, kuma duk wanda zai karanta sai ya fara nuna min. Biyu na ce a'a, na kuma gaya masa dalili, bai ji daɗi ba amma ya goge. Sauran mukan zauna ya ba ni labarin, in tambaye shi wa ya fi ba shi tausayi. A cikin hirar nan na gano abubuwan da ke damunsa da ban taɓa sani ba, har da wani yaro da ke tare masa hanya in ya taso daga boko. Da na fasa wayar ranar, da yau ban sani ba.

Ran nan da aka ɗauke wuta na tara su a tsakar gida, na yi musu ta yarinyar da ta ƙi mai tabo. Na manta rabi, uwarsu ce take cika min. Ƙaramar ta ƙanƙame rigata, shi kuma babban yana ta dariya wai dodon kakata ba shi da ƙarfi. Amma da na kai wurin da saurayin ya fara sauya kama, na lura ya yi shiru.

A taro na gaba, in Allah Ya kai mu, zan nemi izinin dattawa in yi magana. Roƙona shi ne kafin a kawo guduma, kowane uba ya zauna da ɗansa dare ɗaya ya karanta abin da yake karantawa, sannan mu dawo mu yanke shawara da sani. Allah Ya shirya mana zuriya, Ya kuma shirye mu tare da su.